"An Ce Kwamiti Na Dubawa": Haƙƙinka Idan Rikicin Gona Ya Kwana a Ofis

Rikicin gona da na fili su suka fi kawo mutane ofishina a Zuru, kuma kusan kowa da bakin da yake shigowa da shi ke nan: "Barista, an ce kwamiti na dubawa." In na tambayi tun yaushe, da damina ake ƙirga mini, ba da wata ba. In na tambayi ko an taɓa kiransa ya faɗi nasa, sai ya ce an dai ce za a kira shi.

Kai rikici gaban mai unguwa, hakimi ko kwamitin ƙaramar hukuma ba laifi ba ne. Sulhu ya fi araha, kuma maƙwabcin gona ba ya tashi don an gama shari'a. Doka ma ta san da zaman kwamitoci. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ɗora ƙasar jiha a hannun gwamna bisa amana, ta kafa kwamitin jiha kan filayen birni, ta kuma tanadi kwamitin ba da shawara kan rabon ƙasa a kowace ƙaramar hukuma, wato har da Zuru, Fakai, Sakaba da Danko-Wasagu. Sai dai a lura: shawara yake bayarwa. Yanke cewa gonar nan ta wane ce, yankewar da za ta ɗaure kowa, aikin kotu ne.

Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi da adalci, kuma cikin lokacin da hankali zai ɗauka. Sashen bai tsaya kan alƙalai ba. Ya ce duk dokar da ta ba wata hukuma ikon yanke magana a kan haƙƙin mutum, dole ta ba shi damar gabatar da nasa kafin a yanke, kuma kada ta rufe masa ƙofar kotu. Sauraro kuwa ba shi ne a kira ka a karanta maka sakamako ba. Shi ne a sanar da kai ranar zama tun da wuri, ka ji abin da abokin rikicinka ya faɗa, ka ga takardun da ya kawo, ka tambayi shaidunsa, ka kawo naka, kana tsaye ranar da za a zaga iyaka. Wanda yake da alaƙa da ɗayanku bai kamata ya zauna cikin masu dubawa ba. Kotunan Musulunci ma ba sa yanke hukunci sai alƙali ya yi i'izari, ya tambayi kowa ko yana da sauran hujja.

Jinkiri shi ne wanda mutane suka fi rainawa, alhali ya fi ɓarna. Shaidar gona a ƙasarmu ba a takarda take ba, tana bakin dattawa da jikin itatuwa. Wani dattijo da na tsaya wa ya yi ta jiran kiran wani kwamiti har tsofaffin da suka san iyakar gonar mahaifinsa suka rasu ɗaya bayan ɗaya, aka sare ɗorawar da ke kan iyakar, abokin rikicin kuma bai fasa shuka ba ko damina ɗaya. Da ya iso wurina na ce masa, "Baba, wa ya rage da zai shaida?" Ya ce sai wata gwaggonsa, ita ma ba ta iya fita. Mun kai maganar kotu, amma da rabin hujjar da yake da ita a farko. Kotun Ƙoli ta san wannan illa: a shari'ar Ariori da Elemo, rikicin fili ne a Legas da aka shigar a 1960, a 1983 ta ba da umarni a sake shari'ar daga farko, saboda jinkiri ya hana a ce an yi sauraro na adalci.

Akwai kuma hauzi, ga waɗanda shari'ar Musulunci ta shafa. A mazhabar Malikiyya, mai gona da yake gari, yana kallon bare na noma ta shekara 10 bai ce uffan ba kuma babu abin da ya hana shi, zai iya rasa damar ƙara. Tsakanin dangi wa'adin ya kai shekara 40. Wanda 'yan bindiga suka kora daga ƙauyensa a Danko-Wasagu ko Sakaba yana da uzuri. Wanda ya kai ƙorafi ma bai yi shiru ba, amma da me zai nuna ya kai, in da baki ya yi shi a ƙofar ofis?

Shi ya sa nake cewa a rubuta. Ka kai ƙorafinka a takarda, da Hausa ma ya wadatar, a buga hatimi da kwanan wata a kwafinka, ka adana. In an yi shiru, ka sake rubutawa ka nemi a sa rana. Ka ɗauki hoton iyaka da waya, ka naɗi bayanin dattawa tun suna da ƙarfi. In gwamnati ce za ta karɓi filin don amfanin jama'a, doka ta wajabta a miƙa maka sanarwa a rubuce, kana kuma da haƙƙin diyyar gini, itatuwa da amfanin gona. Zaman maganarka gaban kwamiti bai hana ka zuwa kotu ba, kuma wasu ƙararrakin, musamman na neman soke shawarar hukuma, wa'adinsu gajere ne ƙwarai. Ka ga lauya da wuri. In ba hali, akwai Hukumar Ba da Tallafin Shari'a ta ƙasa.

Ku kuma iyayenmu da ke zama a waɗannan kwamitoci, don Allah ku sa rana, ku kira ɓangarorin biyu tare, ku ba su sakamako a rubuce da dalilansa kafin ruwa ya sauka. In maganar ta fi ƙarfinku, ku faɗa musu su tafi kotu tun shaidunsu na da rai.