Sana'ar Fim Ɗin Zane: Darasi Ga Masu Zuba Jari

Fim ɗin zane, wanda aka fi sani da katun, ba baƙon abu ba ne a ƙasar Hausa. Tun a 1966 marigayi Moustapha Alassane na Jamhuriyar Nijar ya fitar da Bon Voyage Sim, gajeren fim mai yi wa masu mulki shaguɓe ta bakin kwaɗi, bayan ya samu horo a Kanada wurin Norman McLaren. Daga baya ya zauna a Tawa, inda ya mai da wasu ɗakunan otal ɗinsa wurin aiki. Ya rasu a 2015.

Abu na farko da ya kamata mai jari ya fahimta shi ne lissafi. Fim yana tafiya ne da hoto 24 a kowace daƙiƙa. Masu zanen hannu kan rage wahala ta hanyar nuna kowane zane sau biyu, wato zane 12 a daƙiƙa, ko 720 a minti guda. Ke nan tallar daƙiƙa 30 za ta iya cin zane 360. Saboda haka yawancin kuɗin yana tafiya ne a ladan ma'aikata da watannin da za a shafe kafin sisi ya shigo. Wanda ya saba da cinikin wake ko kifi, inda kuɗi ke juyawa cikin mako, a nan zai fi shan mamaki.

Aikin ba na mutum ɗaya ba ne. Akwai marubucin labari, mai tsara zubin hotuna, mai ƙirƙirar siffofi, mai motsa su, masu murya da mai tacewa. Manhajar Blender kyauta ce, amma kwamfuta mai ƙarfi da wutar lantarki dole a biya. Maiduguri ta ga haka a 2021, lokacin da aka lalata turakun wutar da ke zuwa daga Damaturu. Duk mai shirin buɗe ɗakin aiki a Limanti ko wata unguwa, ya sa kuɗin sola cikin jarin farko.

Game da horo, matashi zai iya samun tushen zane a Jami'ar Maiduguri ko Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya, sauran kuwa a bakin aiki ake koyonsa. Mai ba da kwangila zai nemi ganin ayyukan da aka riga aka yi kafin ya tambayi takardar shaida.

Ina kasuwar take? Dogon fim irin Lady Buckit and the Motley Mopsters na 2020, ko jerin shirye-shirye irin Iwájú da Disney da Kugali suka fitar a 2024, ya fi ƙarfin mai farawa. A ganinmu, abin da ya fi kusa shi ne tallar kamfanoni, saƙonnin kiwon lafiya da darussan yara cikin Hausa da Barbarci. Adamu Waziri, mai shirin yara na Bino and Fino, da gajerun shirye-shirye ya soma a Abuja. Kafin a sa hannu a kowace kwangila, a rubuta ƙarara wanda ya mallaki siffofin da aka zana, domin ana iya ci gaba da sayar da su shekaru bayan an biya kuɗin aikin.