Yadda ake zaɓar hanyar bincike kafin a ƙera sabon abu

A shekarar 2007 aka ba wasu ɗalibai huɗu na Jami'ar Stanford a Amurka aikin ƙera kwalbar bakwaini mai araha. Irin wadda asibitoci ke saye a lokacin tana kai dala 20,000, su kuma aka ce su yi wadda kuɗinta bai wuce kashi ɗaya cikin ɗari na haka ba. Salon da ake koyarwa a ajin nasu, wanda kamfanin IDEO na David Kelley ya yi fice a kansa, shi ne a fara da mutumin da zai yi amfani da abu kafin a taɓa ƙarfe ko waya. Abin da waɗannan ɗalibai suka yi ya isa ya nuna yadda ake bin matakan.

Da farko ana zuwa wurin ne a gani da ido. Ɗaya daga cikinsu, Linus Liang, ya tafi Nepal ya zagaya asibitocin Katmandu, sai ya tarar da kwalaben bakwaini a ajiye babu jarirai a ciki. Jariran da ke buƙatarsu a ƙauyuka ake haihuwarsu, nesa da birni, kuma da yawa sanyi ke kashe su tun ba a kai su asibiti ba. Da takardar tambayoyi aka aika wa likitoci ana neman jin irin kwalbar da suke so, da sun cike ta tsaf, an dawo an ƙera kwalba mai arha, ita ma ta je ta zauna babu kowa. Takardar tambayoyi tana amsa abin da aka tambaye ta ne kawai, mai bincike kuwa a farkon aiki bai san abin da ya kamata ya tambaya ba tukuna.

Bayan an dawo sai a sake rubuta matsalar a jimla guda, a sa mutum a cikinta. Tasu ta koma haka: uwa ce a ƙauyen da babu tsayayyen lantarki, tana neman abin da zai riƙe wa jaririnta ɗumi.

Nan ne zaɓen hanya yake shigowa, kuma tambayar da ke hannu ita ke zaɓa. Idan ana son sanin abin da mutane ke yi, a zauna a kalle su suna yi, domin abin da mutum ya saba da shi ba ya ma tuna ya faɗa. Idan dalili ake nema, a yi hira da mutum ɗaya-ɗaya. Hirar tana da ƙa'ida: kada a ce wa uwa "za ki sayi wannan?", don kara za ta sa ta ce e. A ce ta ba da labarin ranar ƙarshe da jaririn ya yi sanyi, me ta yi, wa ta kira, nawa ta kashe. Wanda zai yi hirar ma zaɓarsa ake yi. Mai irin wannan aiki a ƙasar Hausa ya san akwai gidajen da namiji baƙo iyakarsa zaure, saboda haka mace za a tura idan matan gida ake son ji. Taron tattaunawa kuwa ni ban cika yarda da shi ba. Yana da sauri, yana da arha, amma da zarar mai unguwa ko uwar miji ta yi magana, sauran sai gyaɗa kai.

Daga nan sai a zubo dabaru da yawa, a tace, a yi samfuri da abin da ke kusa, ko da tsumma da kwali ne. Samfurin da aka ƙawata yana sa mutane jin nauyin kushe shi. Abin da ɗaliban suka tsaya a kai wata 'yar jaka ce da ake sa jariri a ciki, a bayanta akwai aljihu da ake zura wani abu mai kama da kakin zuma. Ana ɗumama shi, sai ya riƙe zafi kusan maki 37, daidai da jikin mutum, har tsawon sa'o'i. Sun sa mata suna Embrace, suka koma Indiya da aikin.

Gwaji a hannun masu amfani shi ne matakin da ya fi ba da mamaki. Na'urar tana da ma'auni mai nuna lambar zafi. A hira da iyaye mata a Indiya sai aka ji suna cewa maganin Bature ƙarfi gare shi, don haka idan likita ya ce a ba yaro cokali ɗaya, rabi suke ba shi. Da wannan lissafi, in an ce a ɗumama zuwa 37, za su tsaya ƙasa da haka, jariri ya kwana cikin sanyi. Sai aka cire lambar, aka sa alama guda mai nuna cewa zafi ya yi daidai. Babu injiniyan da zai hango wannan daga ɗakin gwaji. Kuma irin wannan gwaji ba ya buƙatar taron jama'a. Jakob Nielsen, masanin gwajin manhajojin kwamfuta, ya rubuta a 2000 cewa mutum biyar sun isa su tono kusan kashi 85 cikin ɗari na matsalolin amfani da manhaja. Shawararsa ita ce a gwada da biyar, a gyara, a sake nemo wasu biyar.

Ƙidaya tana zuwa daga baya. Idan an riga an san abin da ake nema, sai a fito da takardar tambayoyi da alƙaluman asibiti don a san gidaje nawa ke da matsalar da kuma nawa za su iya biya. Abin da ya shafi lafiya kuma sai ya bi ta gwajin asibiti, a auna zafin jikin jariran da aka sa a jakar a kwatanta da na waɗanda aka kula da su ta hanyar da aka saba, kafin a ba da izinin sayarwa.