Daga Gaban Kyamara Zuwa Bayanta: Nazari a Kan Rayuwar Umaru Ganda

1.0 Gabatarwa

Masu nazarin wasan kwaikwayo na Hausa sun saba kasa shi gida biyu: na gargajiya, kamar tashe da wasan 'yan kama da na 'yan gambara, da kuma na zamani, watau na dandamali da rediyo da talabijin da fim. Amma akwai wani fanni da ba a cika waiwayarsa ba, shi ne fim ɗin zahiri. Abin da ake nufi da wannan shi ne fim ɗin da ake ɗaukar mutane na gaske, a wurarensu na gaske, suna harkokinsu, domin a bayyana wani al'amari da ya faru ko yake faruwa. Manufar wannan maƙala ita ce ta duba rayuwar Umaru Ganda, mutumin Jamhuriyar Nijar, wanda ya fara a matsayin ɗan wasa a cikin fim ɗin wani Bature, daga baya ya zama darekta, watau mai ba da umarni. Za a yi ƙoƙarin nuna cewa abin da ya sa shi ya sauya matsayi shi ne neman ikon faɗar labarinsa da bakinsa, sa'an nan a duba darasin da ke ciki ga ƙasar Hausa, musamman yammacin Zamfara.

Umaru Ganda Bazabarme ne. Dalilin kawo shi cikin nazarin Hausa kuwa shi ne, Zabarmawa maƙwabtan Hausawa ne na ƙut da ƙut ta wajen Kabi da Dosso, kuma matsalolin da finafinansa suka taɓo, irin su ci-rani da kishi da malaman tsibbu, su ne dai jigogin da suka cika wasanninmu.

2.0 Taƙaitaccen Tarihinsa

An haifi Umaru Ganda a birnin Yamai cikin shekarar 1935. Bayan ya yi makarantar firamare, ya shiga sojan Faransa yana ɗan shekara 16, aka kai shi yaƙin Indocina, yankin da ƙasar Biyetnam take a yau. Faransa ta sha kaye a wannan yaƙi cikin 1954. Da ya komo gida bai sami aikin yi ba, sai ya bi sahun samarin Nijar masu tafiya ci-rani bakin teku, ya sauka Abijan ta ƙasar Kwaddibuwa, ya kama aikin dako a tashar jiragen ruwa.

A can ne ya gamu da Jean Rouch, wani Bafaranshe da ya fara zuwa Nijar a matsayin injiniya, daga baya ya koma nazarin al'adu da ɗaukar fim. A lokacin Rouch yana bincike ne a kan 'yan ci-ranin Nijar, sai ya ɗauki Ganda aikin tattara bayanai daga wurinsu. Daga nan ne shawarar yin fim ta taso.

3.0 Ganda a Gaban Kyamara

Fim ɗin da suka yi shi ne Moi, un noir, ma'ana "Ni, Baƙar Fata", wanda ya fito cikin 1958, ya kuma ci kyautar Louis Delluc a Faransa. An ɗauke shi a unguwar Treichville ta Abijan, inda baƙi 'yan ci-rani suka fi zama. Ganda ya fito a matsayin ɗan dako, watau ainihin sana'arsa, amma da sunan aro na wani ɗan wasan Amurka, Edward G. Robinson, kamar yadda samarin unguwar suke laƙaba wa kansu sunayen jaruman silima.

Yadda aka haɗa fim ɗin abin lura ne. An ɗauki hotunan ba tare da murya ba. Bayan an harhaɗa su, sai aka zaunar da Ganda yana kallo, yana faɗar abin da ya zo bakinsa, aka ɗora muryarsa a kai. Don haka mai kallo yana jin ɗan dako yana kukan talauci, yana mafarkin zama ɗan dambe, yana kwatancen mai mota da mai tafiya a ƙasa. Kusa da ƙarshe ya kwaikwayi yadda suka yi yaƙi a Indocina, yana faɗuwa ƙasa yana tashi a bakin ruwa. Wannan salo ya burge matasan masu shirya fim na Faransa ƙwarai, har ana lissafa fim ɗin cikin waɗanda suka buɗe musu sabuwar hanya.

Sai dai akwai abin dubawa a nan. Murya ta Ganda ce, rayuwar ma tasa ce, amma wanda ya zaɓi abin da za a ɗauka, ya yanke abin da za a zubar, ya jera abin da ya rage, shi ne Rouch, kuma sunansa ne a kan fim ɗin. A aikin fim, mai almakashi shi ne mai labari. Wannan batu ne Usman Sembene na Senegal ya tayar a wata muhawara da suka yi da Rouch cikin 1965, inda ya zargi Turawa masu nazarin Afirka da kallon mutanenta kamar yadda ake kallon ƙwari.

4.0 Ganda a Bayan Kyamara

Da Ganda ya komo Yamai, ya sami aiki a Cibiyar Al'adu ta Faransa da Nijar, inda wata ƙungiya take koya wa matasa aikin kyamara da ɗaukar murya da ba da umarni. Cikin 1968 ya rubuta fim ɗinsa na farko, Cabascabo, ya ba da umarni, ya kuma fito a matsayin jarumi. Labarin wani tsohon soja ne da ya dawo daga Indocina da 'yan kuɗinsa na sallama. Abokai da maroƙa da mata suka kewaye shi, har kuɗin suka ƙare, kowa ya watse. Ya nemi aiki a birni, ya sha wulaƙanci, daga ƙarshe ya juya ya nufi karkara. An nuna fim ɗin a bikin finafinai na Cannes cikin 1969, ya kuma sami kyauta a Mosko a wannan shekara.

Idan aka jera finafinan biyu za a ga bambanci a fili. Na farko da Faransanci aka yi shi, domin 'yan kallo na Turai. Na biyu Zabarmanci ne harshen mutanensa. A na farko yaƙi ɗan guntun tunani ne da ya zo a ƙarshe; a na biyu shi ne ginshiƙin labari, tare da abin da ya biyo bayansa. Har ila yau, na farko ya ɗora laifi kan talauci da rayuwar birni, amma na biyu ya juyo da kyamara kan dangi da abokai, ya nuna kwaɗayinsu, abin da sai ɗan gida yake iya gani, kuma sai shi yake da bakin faɗa. Wannan ne ya sa masu nazari da dama suke ɗaukar Cabascabo a matsayin amsar Ganda ga fim ɗin Rouch. Masu iya magana sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Fim ɗinsa na biyu, Le Wazzou polygame, ya shafi wani Alhaji da ya dawo daga Makka ya auri yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawarinta, ya kai ta a matsayin mata ta uku, kishi ya kai ga kisan kai. Shi ne ya fara cin babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu cikin 1972. Bayansa sai Saïtane, a kan wani malamin tsibbu mayaudari, da L'Exilé na 1980, wanda jigonsa shi ne cika alkawari. Bahaushe ba zai rasa gane sunayen nan ba, domin "wazzou" wa'azi ne, "saïtane" kuwa Shaiɗan. Ban da waɗannan, Ganda ya shirya finafinan zahiri, kuma yana cikin shirin wani ne Allah ya yi masa rasuwa ran 1 ga Janairu, 1981. An sa wa wata cibiyar al'adu a Yamai sunansa, haka kuma kyautar da FESPACO take bai wa darektan da ya yi fice a fim ɗinsa na farko.

5.0 Darasi Ga Ƙasar Hausa

A Nijeriya ta Arewa fim ɗin zahiri ya shigo ne ta hanyar majigi, motar gwamnati mai zagaya garuruwa tana nuna finafinan gargaɗi a kan noma da tsabta, irin su Baban Larai. A cikin wannan tsari hukuma ce take magana, talaka yana sauraro. An buɗe gidan talabijin na Kaduna cikin 1962, aka kafa NTA cikin 1977, kuma 'yan wasa irin su Usman Baba Pategi da Ƙasimu Yero suka yi suna. Adamu Halilu ya shirya finafinan zahiri masu yawa kafin ya mai da Shaihu Umar fim cikin 1976, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihu. Duk da haka, wasan ƙirƙira shi ya fi rinjaye, har zuwa zamanin finafinan Kano.

Yammacin Zamfara ya isa misali na abin da ake asara. Cikin 2010 aka gano gubar dalma a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da Abare da Bagega da 'Yargalma, sakamakon niƙa duwatsun zinariya a cikin gidaje. Yara fiye da 400 suka mutu. Duniya ta ji labarin ne galibi ta bakin ƙungiyoyin ƙasashen waje, kamar likitocin MSF, kuma babu mai musun taimakon da suka yi. Amma akwai tambayoyin da baƙo ba zai iya kai wa gare su ba. Me ya sa manomi ya ajiye fartanya ya kama haƙar zinariya? Yaya uwa take fassara ciwon ɗanta kafin likita ya zo? Wace magana ake yi a zaure bayan motar baƙi ta tashi? Haka nan tarihin sarautar Zamfara da ke Anka, da ambaliyar da ta auka wa Gummi cikin 2024, da rayuwar waɗanda rashin tsaro ya raba da ƙauyukansu, duk suna jiran mai ɗauka. Mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo.

A nan ne ɗan wasa yake da fifiko. Ya san nauyin tsayawa a gaban kyamara, ya san yadda mutum yakan sauya murya da fuska idan ya ga ana kallonsa, don haka yana iya bambanta maganar da aka yi don baƙo da wadda ta fito daga zuci. Sai dai wannan baiwa tana da haɗarinta, domin wanda ya saba da kwaikwayo yana iya sa mutane su maimaita kuka don hoto ya yi kyau. Fim ɗin zahiri amana ne, kuma wajibi ne a nemi yardar wanda za a ɗauka, a kiyaye mutuncinsa.

6.0 Kammalawa

An ga yadda Umaru Ganda ya tashi daga soja zuwa ɗan dako, daga ɗan dako zuwa ɗan wasa, har ya riƙe kyamara da hannunsa. An kuma ga cewa labarin da ya faɗa a Cabascabo shi ne wanda ya taɓa faɗa a fim ɗin Rouch, amma da ikon zaɓe da yankewa ya dawo hannunsa sai labarin ya sake kama. Ya kamata sassan Hausa na jami'o'inmu su sa fim ɗin zahiri cikin abin da suke nazari, su kuma ƙarfafa wa ɗalibai 'yan ƙungiyoyin wasan kwaikwayo gwiwa su koma garuruwansu su ɗauki abin da ke can, tun dattawan da suka san shi suna raye.