Amsoshin Tambayoyinku: Murabus a Jidda

Wani mai sauraronmu daga Jidda ya ce cikin fushi ya rubuta takardar ajiye aiki, yanzu yana nadama. Ko za a mayar da shi?

To Malam, gyaran dokar ƙwadagon Saudiyya na Fabrairun 2025 ya ba ka kwana 7 ka janye takardar, muddin mai kamfanin bai riga ya amince ba. In ya yi shiru har kwana 30, murabus ya tabbata.

Idan kuwa tilasta maka aka yi, wannan ba murabus ba ne. Kai ƙara ofishin sulhu na ma'aikatar ƙwadago, daga nan sai kotu. Amma ka sani, galibi diyya ake biya, ba mayarwa aiki ba. Kada ka bari shekara ta wuce ba ka kai ƙarar ba.