Yadda ake jeme sihiri a labarin almara

Wani ƙanen abokina da ke aiki a masana'antar roba a Bompai ya biyo ni gida Dakata da rubutunsa, littafin yaƙi irin mai bokaye da aljanu da takubban tsafi. Na karanta shafi arba'in na ajiye. Duk sanda jarumin ya shiga uku, sai boka ya karanta ɗalasimai, hayaƙi ya turnuƙe, shi ke nan an wuce wurin. Ya ce, "Yaya, ai sihiri ne, babu abin da ba ya yi." Na ce to a nan gizo ke saƙar. Abin da ke iya komai ba ya sa gaban mai karatu ya faɗi. Ranar muka baje tabarma muka ƙera masa wani sihirin tun daga tushe.

Da farko ka nemi sana'ar da ka taɓa gani da idonka, ka ɗora sihirin a kanta. Yawancin marubutanmu daga Dare Dubu da Ɗaya suke ɗebo kaya: zobe, kwalba, madubin tsafi. Magabata ma sun yi aro, don Ganɗoki na Bello Kagara da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da suka fito daga gasar rubutu ta 1933, duk akwai aljanu a ciki. Amma shekara casa'in ana ɗumama miya ɗaya, ai ta isa. Mu jima muka zaɓa, saboda kakan yaron majemi ne, mahaifinsa kuma ya yi aiki a kamfanin fata a Challawa.

Sai ka bi matakan sana'ar ɗaya bayan ɗaya, kada ka tsallake. Majemin gargajiya yana jiƙa fata a ruwan toka har gashi ya saki, ya kankare, ya tsoma ta a ruwan kashin tattabara ta yi laushi, sannan ta kwana a ruwan bagaruwa, wadda ita ce ke hana ta ruɓewa. Daga nan a shafa mai, in ana son ja a sa karan dafi. Tambayar da na yi masa ita ce: ban da fata, mene ne ke ruɓewa a hannun ɗan Adam wanda zai so a jeme masa? Ya yi shiru, can ya ce, "Alkawari."

Shi ke nan, mun samu. A ƙasar da ya ƙago, mutum biyu za su faɗi alkawarinsu da baki a kan ɗanyar fatar jar akuya, ranar da aka feɗe ta. Ruwan toka ya zubar da ƙarin gishiri da daɗin baki tare da gashin, bagaruwa ta kama abin da ya rage. Muddin fatar na nan lafiya, wanda ya tashi saɓawa harshensa zai ƙi juyawa, ƙafarsa ta ƙi ɗaguwa.

Yanzu sai iyaka, kuma a nan ake daɗewa. Ba a jeme alkawarin da aka yi da wuƙa a wuya, fatar wari za ta yi ta zagwanye. Ba ya bin magada. Fatar kuma fata ce: tana son mai duk shekara, gara na cin ta, damina na sa mata fumfuna. Ka ga mugun da ke cikin labarin ba ya bukatar runduna dubu. Baiwa ɗaya zai saya a fada, ta riƙa mantawa da shafa mai. Wani marubucin Amurka, Brandon Sanderson, haka ya sa wa sihirinsa iyaka a Mistborn na 2006: masu sihirinsa ƙarfe suke haɗiya, in ya ƙare a cikinsu ƙarfinsu ya ƙare. Mai karatu na lissafi tare da jarumi, shi ya sa ba ya iya ajiye littafin.

Bayan iyaka sai farashi, da wanda zai biya shi. Wannan ba mu sha wahala ba. Duk wanda ya bi ta Challawa ko Sharaɗa ya san warin, ya kuma ga ruwan da ke fita daga kamfanonin fata, wani shuɗi-shuɗi saboda sinadarin kurom, yana gangarawa wajen kogi inda masu lambu ke ban ruwa. Na Bompai kuma rafin Getsi yake bi ya faɗa Jakara. Muka ce to, ruwan da aka wanke alkawari da shi, ɗauke yake da duk ƙaryar da aka kankare. Ƙauyen da ke gangare suna sha, sai a wayi gari ba mai yarda da maganarsu, ko sun rantse. Attajiran birni suna ta ƙulla amana, talakawan gangare an yi musu tambarin maƙaryata. Jarumar sabon labarin ma daga can muka ɗauko ta.

Sauran aikin mai sauƙi ne. Ka tambayi kanka wa ya yi arziki, wa ya rasa abinci: alƙalai sun zama 'yan zaman kashe wando, Sarkin Majema ya fi Waziri faɗa a ji. Kalmomin ma daga bakin masu sana'ar za ka ɗauka, a ce wannan alkawari ɗanye ne, wancan jemamme. Na kuma gargaɗe shi kada ya kuskura ya saka aya ko surkullen bokayen gaske. Ƙage muke yi, kuma a Kano muke.

Na ƙarshe, ka rubuta wurin da sihirin ya ci amanar mai shi. Bayan mako biyu yaron ya dawo da shafi shida, da tabon man inji a gefen takardar. A ciki, wani sarki ya jeme wa maƙwabcinsa alkawarin ba zai taɓa tsallake kogi da makami ba. Aka yi fari shekara uku, kogin ya ƙafe ƙaf, babu abin tsallakewa. Fatar na rataye a fada, sumul, tana ƙyallin mai, dawakai kuma suna wucewa ta kan yashi.