Judit, yarinyar da ta kada zakaran duniya

A garuruwanmu, da la'asar, dattawa kan zauna a gindin itace su haƙa gurabu 30 a cikin rairayi. Wannan ya riƙe karare 12, wancan ya riƙe tsakuwa 12, su yi ta dara har rana ta faɗi. Mutanen wasu ƙasashe ma suna da tasu darar. Da Faransanci ana kiranta échecs. Asalinta daga ƙasar Indiya ne, ta ratsa Farisa, Larabawa suka kai ta Turai.

Ana yin wannan dara a kan allo mai gidaje 64, rabi farare, rabi baƙaƙe. Kowane ɗan wasa yana da ƴaƴa 16: sarki, sarauniya, dawaki biyu, hasumiya biyu, wawayen sarki biyu, da dakaru takwas. Kowanne da irin tafiyarsa. Doki ne kaɗai yake iya tsallake wani. Wanda ya ritsa sarkin abokin wasansa, ya hana shi wurin gudu, shi ya ci. Akwai kuma wata doka mai tsanani: ɗan da ka taɓa, shi za ka tura. In ka ajiye shi a wani gida ka cire hannunka, magana ta ƙare, ba a sakewa.

A birnin Budafes, babban birnin ƙasar Hangari, an yi wani malami mai suna Laslo Polgar. Yana da ƴaƴa mata uku: Suzan, Sofiya, da autarsu Judit, wadda aka haifa a 1976. Malam Laslo ya yi imani cewa ba a haihuwar yaro da gwaninta, koyonta ake yi tun ana ƙarami. Shi da matarsa suka riƙa koya wa ƴaƴansu karatu a gida: lissafi, harsuna, da dara sa'o'i da yawa kowace rana. Mutane suka yi ta surutu. Hukuma ma ba ta ji daɗin abin ba.

A 1988 aka yi babbar gasar ƙasashe a birnin Salonika na ƙasar Girka. Ƴan'uwan nan uku, da wata yarinya ta huɗu, su ne suka wakilci matan Hangari. Kafin wannan shekara, matan Tarayyar Sobiyat ne suke ta cinye gasar. Amma ƴan matan Hangari suka zo na ɗaya. Judit tana da shekara 12. Ta yi wasa 13, ta ci 12, ta yi kunnen doki a ɗaya.

Judit ba ta so ta tsaya a gasar mata kaɗai ba. A lokacin, manyan ƴan wasa da yawa suna cewa mace ba za ta iya karawa da namiji a dara ba. Ita kuwa sai ta shiga cikin maza. A watan Disamba na 1991 ta ci gasar ƙasarta, aka ba ta lambar babban gwani, wadda ita ce mafi girma a wasan. Shekarunta 15 da wata 4. Kafin ita, wanda ya sami lambar yana mafi ƙuruciya shi ne Bobi Fisha na Amurka, a 1958, yana da shekara 15 da wata 6.

A 1994 aka gayyace ta gasar Linares, a ƙasar Ispaniya, inda gwanayen gwanaye suke haɗuwa. Nan ta zauna gaban Gari Kasparof, zakaran duniya, mutumin da kowa yake jin tsoronsa. Wasa ya yi nisa, sai Kasparof ya ɗauki dokinsa ya ajiye a wani gida. Nan take ya ga kuskure ne, ya janye shi ya kai wani gidan. Judit ta ga kamar ya riga ya cire hannunsa. Ta dubi alƙalin wasa, alƙali bai ce komai ba. To, ta yi magana ko ta yi shiru? Ita yarinya ce ƴar shekara 17, wannan ne zuwanta na farko irin wannan gasa, ga shi ba ta da shaida. Sai ta yi shiru, ta ci gaba da wasa, aka cinye ta.

Ashe masu ɗaukar hoton talabijin sun ɗauki abin da ya faru. Da aka duba hoton a hankali, sai aka ga lalle yatsunsa sun rabu da dokin, ko da yake abin bai kai daƙiƙa ɗaya ba. Kasparof ya ce shi bai san ya sake shi ba. Ba a canza sakamakon ba. Abin ya yi wa Judit zafi ƙwarai.

Ta sake haɗuwa da shi sau da yawa, ba ta ci shi ba. Sai a 2002, a birnin Mosko, a wata gasa da ake wasa da sauri. A lokacin an riga an karɓe masa sarautar zakara, amma shi ne na ɗaya a jerin ƴan wasan duniya. Judit ta riƙe farare. Ta yi ta matsa shi a hankali, tana cin dakarunsa, har ya ga ba mafita. Ya sallama, ya tashi ya fita. Ranar ce mace ta fara kada na ɗaya a duniya a gasa.

A 2005 Judit ta kai ta 8 a duniya, maza da mata a haɗe. Ta yi shekara 26 tana ta ɗaya a cikin mata. Ta bar shiga gasa a 2014, ta mai da hankali ga koya wa yara dara a makarantun ƙasarta.

Ma'anar kalmomi

Gasa: karawa tsakanin mutane don a ga wanda ya fi.
Kunnen doki: wasan da ba wanda ya ci wani.
Ritsa: tare wani a inda ba ya iya fita.
Sallama: yarda cewa an ci ka.

Tambayoyi

1. Gidaje nawa ne a allon wannan dara? Gurabu nawa ne a tamu?
2. Shekarun Judit nawa lokacin gasar Salonika?
3. Wace doka ce ta jawo gardama a Linares?
4. Me ya sa Judit ta yi shiru? Da ku ne, me za ku yi?
5. Shekara nawa ta jira kafin ta ci Kasparof?

Aiki

Ku tambayi wani dattijo a unguwarku dokokin dararmu. Ku rubuta uku daga ciki da Hausa, sannan ku nemi sunayen doki, sarki da sarauniya da Faransanci.