Fayilolin DLL da Ingancin Naɗar Sautin Kabanci

Manazarcin da ya tashi daga Birnin Kebbi zuwa Argungu domin naɗar waƙoƙin masunta da kwamfuta yana dogara ne da wasu fayilolin Windows da ba kasafai yake lura da su ba. Fayil ɗin devmgr.dll ke nuna bayanan makirufo, winmm.dll ke sada manhaja da na'urar sauti, mmsys.cpl kuma ke buɗe saitinta. A wannan saiti haɗarin yake. Idan aka bar matatar hayaniya a kunne, tana iya danne kiɗa ko gutsure ƙarshen wasali, alhali tsawon wasali na bambanta ma'ana a Kabanci. Wajibi ne a kashe ta kafin mawaƙi ya buɗe baki. Wajen rubutawa kuwa, allon madannai mai ƙ, ɗ da ɓ yana cikin kbdhau.dll.